Kunnen Bauchi Bai Nuna Ba

Duk wanda ya san Kawu Manu ya san hular. Wata faffaɗar hular kaboyi ce mai launin ƙasa, gumi ya zana mata zobe a gindi, gefe ɗaya ya lanƙwashe kamar kunnen tsohuwar akuya. Da ita yake zuwa kasuwa, da ita yake zuwa ɗaurin aure, a kan babbar riga kuwa. Salla kaɗai ke sa ya tura ta baya ta rataya a wuyansa da igiya, ga ƙaramar hula a ƙarƙashi tana jiran aiki. Limamin unguwarmu ya yi magana har ya gaji, daga baya ya koma roƙon Kawu ya riƙa tsayawa a ƙarshen sahu, don na bayansa ba sa ganin gabansu.

Ƙanen mahaifiyata ne. Asalinmu masu shanu ne, kakanmu ne ya shigo gari ya zauna a Ƙofar Dumi, ya bar garken a hannun 'yan uwa can Tirwun tun tana daji. Kawu bai yi kiwo ba, tuƙi ya yi a wani ofishin kula da dabbobi har ya yi ritaya. A rediyon motar ofishin ne ya fara jin kiɗan da ya tafi da hankalinsa, kiɗan makiyayan Amurka mai jita da murya a sanyaye, wanda ake kira kantiri. Turancinsa bai wuce na gaisuwa ba, amma ya rantse yana gane komai.

"Mutumin nan," in ji shi, "ko dai saniyarsa ce ta mutu, ko matarsa ta tafi. Fulanin Amurka ne, hula kawai suka fi mu."

Ya sayi jita a hannun wani ɗan coci, ya koya wa kansa, ya fara tsara nasa kantirin da Hausa. Sunan kiɗan ma ya ƙi zama a bakin mutanen unguwa. Wata rana Hajiya Gambo maƙwabciyarmu ta tare shi a bakin zaure.

"Manu, an ce ka fara waƙar kanti. Kantin wa kake tallatawa?"

"Kantiri, Hajiya."

"To shi Kantirin ɗan ina ne? Yana biyanka kuwa?"

Kawu ya taɓa bakin hularsa, ya juyo wurina, ya faɗi maganar da ya yi ta faɗa har ta zama sunansa na biyu: "Ƙyale su, Manaja. Kunnensu bai nuna ba." Manaja ni ce. Ni malamar firamare ce da 'ya'yana, ban taɓa neman muƙamin ba, kuma ban taɓa ganin albashinsa ba. Shi a wurinsa kunne kamar mangwaro ne, ba a matsa masa, ranarsa ake jira.

Mutum ɗaya ce ke zama ta saurare shi daga farko har ƙarshe, matarsa Inna Dudu. Tana tsince shinkafa yana kaɗawa, in ya gama ta ce, "Ta yi daɗi, amma ka rage jan muryar nan, za a ce ciwon ciki kake." Allah bai ba su haihuwa ba. Da ta rasu, Kawu ya yi watanni jitar na rataye. Sannan wata safiya ya shigo gidanmu ya ce wa mahaifiyata zai sayar da shanunsa na gado ya shiga sitidiyo ya buga albam.

Mahaifiyata ta ajiye muciya. "Manu, shanun Baffa? A kan garaya irin ta Nasara?"

"Adda, ba ni da ɗan da zai ambaci sunanta in na mutu. Na yi mata waƙa. Ba kuɗi nake nema ba. Mutum ɗaya nake so, wanda ba danginmu ba, ya saya da kuɗinsa, ya saurara har ƙarshe, ya zo ya tambaye ni, wace ce Dudu? In na ji wannan tambayar, shi ke nan."

Abin da yake so ke nan, kuma ku riƙe shi, don duk dariyar da za mu yi daga nan a kansa take tafiya.

Mai sitidiyon, Sagir, mutumin kirki ne, amma ya sha wahala. Ya saba da mawaƙan biki, a danna fiyano, a gyara murya da kwamfuta, a tashi. Kawu ya hana fiyano, ya hana ganga, ya hana a taɓa muryarsa. Sannan ya ce waƙar ƙarshe, ta Inna Dudu, da kukan saniya za ta buɗe.

Sagir ya ce, "Wannan mai sauƙi ne, Baba, ina da shi a kwamfuta." Ya danna, saniya ta yi kuka.

Kawu ya karkata kai ya saurara. "Wannan saniyar Bature ce. A ƙoshe take. Ba ta taɓa ganin rani ba."

Washegari sai ga shi da Wule, saniya mai farin goshi, ita kaɗai ta rage masa bai sayar ba, an taho da ita da ɗan maraƙinta tun daga Tirwun. Aka ɗaure ta a ƙofar sitidiyo, Sagir ya jawo makirufo da doguwar waya. Wule ta ƙi cewa komai. Kawu ya yi mata Fulatanci, ya yi mata fito, ya ɓoye mata dusa. Ta kalle shi, ta ɗaga wutsiya, ta ajiye wa Sagir abin da ta ajiye a bakin ƙofa. Muka wuni a nan, 'yan acaɓa sun taru suna ba da shawara.

Da yamma mai saye ya iso da mota, don tun da safe aka yi cinikinta. Ɗan maraƙinta kuwa wani ne daban ya saya. Da aka ja ta aka bar shi, sai ta buɗe baki ta yi wani kuka mai tsawo wanda ya sa duk layin ya yi shiru. Kawu bai kalle ta ba. Sagir yake kallo.

"Ka ɗauka?"

"Na ɗauka, Baba."

"To, ita ce."

Ina wurin lokacin da ya rera waƙar a kan wannan kukan. Sau ɗaya ya yi ta, bai maimaita ba. Sagir da ke taunar cingam tun safe ya daina tauna. Ni kuwa fita na yi, don ba na son a ga malamar makaranta tana sharar hanci da gyale. Na ce wa Kawu ya sa ta a farkon albam. Ya ce a'a, can ƙarshen gefe na biyu za ta zauna, wanda ya yi haƙuri shi zai same ta.

Gefe na biyu fa na ce, don a kaset ya buga. Wannan shi ne taurin kan da ya fi kowanne tsada. A lokacin, ko tsofaffi sun koma saurare a waya. Kowa ya je kasuwa a tura masa waƙa a memori, rakoda ta zama wurin ajiye allura da zare. Sagir ya roƙe shi, na roƙe shi. Na kawo memorin na nuna masa. Ya ɗora shi a tafin hannu, ya hura, ya faɗi ƙasa muka yi ta nema.

"Abin da bai kai farce ba, shi zai ɗauki Dudu? Waƙa sai da gaba da baya, Manaja. Sai mutum ya tashi ya juya ta da hannunsa, a san da gaske yake."

Sai da ya je har Kano kafin ya sami masu buga kaset, su ma sun ɗauka wasa yake. Kwalayen suka iso suka cika ɗakin Inna Dudu har kusa da rufi. Ga hotonsa a kowane bango, da hula, da jita, yana kallon nesa kamar wanda mota ta bari a tasha.

Muka yi ƙaddamarwa a ƙofar gida. Dangi suka zo suka ci shinkafa, kowa ya karɓi kaset ɗaya don kunya. Mai gabatarwa ya kira shi sarkin waƙar kanti na jihar Bauchi, aka tafa. Bayan nan muka zaga kasuwa. Masu shaguna suna juya kaset ɗin a hannu kamar an ba su kuɗin da aka daina karɓa. Wani ya ce a bar masa kaɗan don girman furfura. Da muka koma bayan wata guda, da su ya tokare ƙafar benci.

Gidan rediyo ɗaya ya taɓa sa waƙar farko, wadda ke cewa, "Wule ta tafi, mai farin goshi, wanda ya gan ta ya gaishe ta." Rashin sa'a, sun sa ta ne daidai bayan shirin cigiya. Kwana biyu sai ga wasu mutane a ƙofar gida da saniya mai farin goshi, suna jiran tukuici.

Kawu ya ce, "Ai ba ɓata ta yi ba. Sayar da ita na yi."

Babbansu ya dube shi sama da ƙasa. "Ka sayar, ka ci kuɗin, sannan ka je rediyo kana kuka? Baba, ka ji tsoron Allah."

Na yi dariya ranar har na riƙe ciki, shi ma ya yi. Amma abin ya fara cin sa. Duk wanda ya san ya karɓi kaset, in sun haɗu sai ya tambaye shi, "Ka ji ta ƙarshe?" Su kuma don su faranta masa sai su ce, "Ai ita ta fi daɗin rawa." Sai ya taɓa bakin hula ya wuce. Ni abin da ya fi ƙona mini rai ke nan. Da sun ce ba su ji ba, da ya fi. Shekaru suka yi ta wucewa, kwalaye na nan, shanu babu, jikinsa na raguwa a cikin riga. Har yanzu yana cewa kunnensu bai nuna ba, amma a hankali yake faɗa, kamar mai tuna wa kansa.

Sai wata shekara, ƙarshen damina, wani mutum ya yi sallama. Malam Dauda sunansa, daga Gubi. Ya ce an gaya masa a nan ne ake samun kaset. Kawu ya kawo ɗaya. Mutumin ya ce a'a, kwali guda yake so. Bai nemi ragi ba, ya ɗaure a bayan babur ya tafi. Kafin sati ya zagayo wani ya zo, shi ma daga Gubi, sannan wani. Ɗakin Inna Dudu ya fara nuna bango.

Ban taɓa ganin mutum ya farfaɗo haka ba. Ya wanke hular. Ya sa sababbin tsirkiyoyi a jitar. Ya zo makarantarmu ana cikin darasi ya leƙo ta taga.

"Manaja, ya nuna! Daga gefen gari ya fara, dama manoma sun fi 'yan birni kunne."

Na ce, "Kawu, ko ɗaliban jami'ar da ke Gubin ne?"

"Ko ma su wane ne. Ranar Asabar za mu je mu gaishe su. Mawaƙi ba ya wulaƙanta masoyansa."

Ni ma na yarda, wallahi. Wa zai sayi kwalin kaset ba don ya ji ba? Ranar Asabar muka ɗauki shatar keke napep, shi a baya da jita tsakanin gwiwoyi, da sabuwar riga mai aljihu biyu. Duk hanya yana shirya amsar da zai bayar in an tambaye shi wace ce Dudu. Ya fara, ya fasa, ya sake farawa. Ya ce kada ya cika su da surutu, zai dai ce mace ce mai tsince shinkafa da ba ta son a ja murya.

Aka nuna mana gonar Malam Dauda a fadama, ƙasa da dam ɗin Gubi. Tun daga nesa na ga wani abu na ƙyalli a saman shinkafar, layi-layi, daga wannan turke zuwa wancan, yana rawa a iska. Da muka matso sai muka ji ƙara, wani siririn gurnani mai tashi yana sauka. A bakin gona ga tulin bawon kaset, an fasa an zare cikinsu, hoton Kawu na kallon sama ta ko'ina.

Malam Dauda ya taho da murna yana goge hannu. "Baba mai hula, sannu da zuwa. Kai, kayanka sun yi mana rana. Bana tsuntsayen nan jan-baki sun so su gama da mu. Amma tun da muka ja zaren nan, in rana ta haska shi, iska ta kaɗa shi, ko tsuntsu ɗaya ba ya sauka."

Kawu ya dubi tulin bawon. Ni kuwa na rasa inda zan sa idona.

"Kuma naka ya fi na kowa," in ji mutumin, shi a dole yabo yake. "Tsofaffin da muke tsinta a bola duk sun dushe. Naka kuwa sabo fil, da gani ba a taɓa juya shi ba."

Kawu ya ce, "Ka saurara kafin ka zare?"

"Ina zan sami rakoda a zamanin nan, Baba? Wa'azi ne a ciki?" Fuskarsa ta canza. "In akwai ayoyi ka gaya mini, yanzu mu kwance."

"Babu aya," in ji Kawu. "Waƙa ce."

Ya tsaya yana kallon garken tsuntsaye da ya taho kamar hayaƙi, ya kusa sauka, ya yi kwana ya wuce. Sai ya yi 'yar dariya. "Manaja, kin gani? Har su ba su tsaya sun ji ba."

Na so in yi dariya don in taya shi, ta ƙi fitowa. Ya miƙa mini jitar, ya tambayi Malam Dauda ta ina yake fara jan zaren, a ina kuma yake ƙarewa. Mutumin ya nuna masa turken can ƙarshen gona. Kawu ya bi kan kunya a hankali, sabuwar rigar na kwasar laka, har ya isa. Ya kama ƙarshen zaren da yatsa biyu. A nan waƙar Inna Dudu take, a ɗaure a jikin itace. Ya cire hular kaboyin, ya cire ƙaramar ta ƙarƙashi, ya kanga kunnensa. Tun da nake ban taɓa ganin kansa ba sai ranar. Ashe sanƙo ne da shi, ƙarami, kamar na jariri.

Da ya dawo ya ce wa Malam Dauda ya turo a kwashe sauran kwalayen, kyauta, a raba wa maƙwabtan gona. Muka kama hanyar gida har muka shigo gari. Ya ce, "Shinkafar dai ta nuna." Daga ranar ban sake jin ya ambaci kunnen kowa ba. Ya rataye jitar a ƙusar da Inna Dudu ke rataye faifai, ya koma zaman zaure. Ba wani ciwo aka gano ba. Abinci ya rage, magana ta rage, bayan girbi ya kwanta, bai tashi ba.

Malam Dauda ya zo ta'aziyya da buhun shinkafa, ya ce rabon Baba ne, don ba don zarensa ba da ba a girbe ta ba. Ita muka dafa ranar sadakar uku. Duk waɗanda suka ce ta ƙarshe ta fi daɗin rawa sun zo, sun ci, sun ce an yi rashin mutum mai fasaha. Ina zuba musu ina jin kamar in kife musu tiren a ka. Ban yi ba, albarkacin mahaifiyata.

Na nemi Sagir ko yana da ainihin ɗaukar. Ya ce kwamfutar ta ƙone tuntuni, sitidiyon ma ya tashi. Na bi ta wurin na gani da idona: an mai da shi kanti, ana sayar da taliya da omo. Da Hajiya Gambo na raye da ta ce ai dama ta faɗa.

Na bi dangi, kowa ya ce bai san inda nasa ya shiga ba. Kaset ɗaya ya rage, wanda muka samu a aljihun sabuwar rigar. Na kai shi wurin wani tsoho mai gyaran rediyo a wani lungu na Ƙofar Dumi, mutumin da bai san mu ba, mu ma ba mu san shi ba. Ya tono wata rakoda daga ƙarƙashin tarkace, ya hure ƙura, ya ce ba ya ɗaukar alhaki. Na ce ya juya gefe na biyu ya kai can ƙarshe. Ya sa biro ya naɗe zaren da hannu, ya saka, ya danna.

Wule ta yi kukanta. Jita ta shigo a hankali. Sai muryar Kawu, yana jan ta kamar yadda aka hana shi: "Dudu, na dawo, ƙofa a buɗe. Dudu, wa zai ce mini na cika ja?"

Nan rakodar ta yi wani ƙugi, muryar ta narke. Kafin tsohon ya kai hannu ta tauna zaren ta cukurkuɗe shi, ya fito a yamutse kamar gashin masara. Ya yi ƙoƙari, ya tsinke a hannunsa. Ya daɗe yana kallonsa, sukudireba a ɗaya hannun. Na ɗauka haƙuri zai ba ni.

Sai ya ɗago ya ce, "Hajiya, wace ce Dudu?"

Na buɗe baki in ba shi amsar da aka shirya a cikin keke napep, mace mai tsince shinkafa da ba ta son a ja murya. Na kasa. Na zauna a kan bencinsa, cikin matattun rediyoyi, na yi kukan da ban yi ba ranar jana'iza. Wata biyu kacal tsakaninsa da wannan tambayar.

Yanzu sauran waƙar a kaina kaɗai take, ni kuwa ko 'yan ajina ba sa yarda in rera musu komai. Hular na rataye a ɗakina.

Allah, Kai ne Mai ji, babu abin da ke wuce Ka ko da can ƙarshen gefe na biyu yake. Ka jiƙan Kawu Manu, Ka yafe masa taurin kansa, Ka haskaka kabarinsa. Ka haɗa shi da Inna Dudu a gidan rahama, inda zai gaya mata da bakinsa, ita kuma ta saurara har ƙarshe. Amin.